Akushin Itto

Duk wanda ya ce Itto ta auri Ishu don kyansa, to bai taɓa ganin Ishu ba. Allah Ya jiƙansa, mutum ne mai haƙuri, amma gajere ne, ga kunnuwa kamar na tukunya. Gadonsa ma ba wani abin a-zo-a-gani ba ne, 'yar siririyar gonar sha'ir ce da ɓaure biyu. Sai dai a ƙarshen gonar nan akwai Akushi, shi ya sa tun ranar ɗaurin aure matan ƙauyenmu Tizgi suka yanke hukunci cewa Akushi aka aura, Ishu gyara ne aka ɗora a kai. Itto ba ta taɓa musantawa ba.

Rafin namu, Tazart, ba babban ruwa ba ne. Da rani akuya na tsallake shi cikinta bai jiƙe ba. Can ƙarƙashin ƙanƙarar kan duwatsu yake tasowa, ya gangaro ta gonakin tuffa na mutanen sama, ya ratsa jar ƙasa, ya haɗiye ƙoramu biyu uku, sannan duwatsu su shaƙe shi a kwazazzabon da muke kira Maƙogwaro, inda rana ba ta leƙawa sai ta take tsaka. Daga nan yake fitowa a fusace, ya daki wani ƙaton dutse, rabin ruwan ya wuce abinsa, rabi ya juyo baya yana zagayawa a hankali a gindin gonar Ishu. Majuyar nan ita ce Akushi. Duk abin da rafi ya ƙwato a sama, nan yake kawo shi ya yi ta zagaye da shi kamar mai talla.

Al'adarmu a kan wannan gajera ce: abin da rafi ya kawo gaɓarka, ka sa masa ƙugiya ka jawo, ya zama naka, ko na wane ne a da. A ƙasar da sanyi ke fasa tulu, masu gadin daji kuma ba sa bari a taɓa ko reshe, itace ba abin wasa ba ne. Tun tana amarya Itto ta karɓe ƙugiyar daga hannun Ishu, don shi in ya hango gungume sai ya tsaya yi masa bismilla har ya wuce. Ita kuwa 'yar ƙaramar mace ce, siririya, da zane a haɓa, muryarta ta fi ta girma. Sandar ƙugiyarta ta ninka ta tsawo, wani maƙeri a kasuwar Azilal ya ƙera mata bakin. Da ita ta ɗumama gidanta, da ita ta reni 'ya'yanta.

Ba ta taɓa hawa sama da Maƙogwaro ba, amma ba abin da mutanen sama za su yi ba ta sani ba. In ruwa ya yi ja, ta ce an yi ruwan sama a jar ƙasa. In ɗanyen tuffa ya cika Akushi, ta ce iska ta yi wa masu gonaki ɓarna, bana ba za su ɗaga mana hanci a kasuwa ba. Wani lokaci kuma takan wuce gona da iri. Akwai shekarar da ta tsamo ƙyauren ƙofa, ta shelanta cewa gida ya rushe a sama, har ta aika da jaje da ƙwai a hannun wani mai alfadari. Ashe ƙofar banɗaki ce. Ba a dawo mata da ƙwan ba, ita ma ba ta mayar da ƙofar ba.

Abu guda ne ba ta iya ba, wato barin abu ya wuce. Mushen akuya ma da ya zo sai da ta feɗe fatar. Wadda abin ya fi ƙona wa rai ita ce Rabha, maƙwabciyarta kuma abokiyar faɗanta, wadda gonarta ke ƙasa da ta Ishu. Abin da ya kuɓuce wa Akushi ne kawai ke isa gare ta.

"Ke Itto, ki ji tsoron Allah ki bar ko tsinke ya wuce mana," in ji Rabha daga gaɓarta.

"Ni na tare shi? Ga shi can yana wucewa."

"Wannan ai kumfa ce."

"To ki tara ki yi wanki."

Haka suka tsufa tare. In sanyi ya tsananta kuwa, da sassafe za ka ga Itto ta ɗauro ɗaurin itace ta jefar a ƙofar Rabha tana mita, wai ya cika mata wuri.

Ishu ya riga mu gidan gaskiya a kan shimfiɗarsa, tari ne ajalinsa. Bayansa da 'yan shekaru masu jiragen roba suka gano rafinmu. Idan sanyi ya karye, ƙanƙara ta fara narkewa, Tazart yakan haukace na 'yan makonni. Lokacin da mu muke ɗaure awaki nesa da gaɓa muna jan kunnen yara, lokacin ne wasu bayin Allah ke tasowa tun daga Marrakesh, wasu ma daga ƙetaren teku, su hura wa jirgi iska, su kifa hular kwano, su faɗa cikin ruwan nan da gangan, suna ihu suna dariya. Na daɗe ina neman hikimar abin, har yau ban same ta ba.

A wurin Itto kuwa kakar girbi ce ta biyu Allah Ya kawo. Maƙogwaro ba ya barin jirgi ya wuce bai karɓi wani abu ba, abin da ya karɓa kuma Akushi yake kawowa. Huluna, tabarau, gorunan ruwa, takalma. Takalman kullum wari ɗaya, har ta cika buhu da su tana jiran ranar da 'yan uwansu za su biyo sahu. Sai kuma filafilai, waɗannan da suke tuƙi da su. Na farko da ta samu, ta dube shi ta ce wannan ai don saka gurasa a tanderu aka yi shi. Ashe na roba ne, ya shiga wuta ya naɗe kamar ganye, gurasar ranar har kaji sun ƙi ta. Da sanyi ya zo ne aka gano amfaninsa na gaskiya, don ba abin da ya kai shi kwashe ƙanƙara daga kan rufin ƙasa. Yanzu rabin Tizgi a wurinta ake aro. Hular kwano guda kaza ta yi kwanci a ciki, rigar ceto kuma tana ƙarƙashin sirdin alfadarinta.

Samarin da ke tuƙa jiragen sukan zo roƙo, suna kiranta Lalla, wato uwargida.

"Lalla Itto, filafilinmu ne fa. Ga sunan kamfani a jiki."

"Ban iya karatu ba, ɗana. Zauna ka sha shayi."

"Za a yi mana faɗa, Lalla."

"Kai ka ba ni? Rafi ya ba ni. In ka sha shayin ka je ka tambaye shi."

Sai su sha shayi da gurasa da man zaitun, su tashi hannu rabbana.

Duk wannan dariya ce, har ranar da abin ya shigo mata gida. 'Ya'yanta mata sun yi aure a wasu kwaruruka. Maza biyu gare ta. Babban, Assu, Tanja ya tafi, birnin bakin teku, daga can ya shiga jirgin roba da wasu samari suka nufi Sifen. Wata da watanni ba labari. Itto ta rame har sandar ƙugiyarta ta kusa fin ta kauri. Daga baya ya bugo waya, yana raye, yana tsinkar tumatir a wata gona da aka lulluɓe da leda. Da yawa cikin waɗanda suka shiga jirgin tare ba su bugo wa kowa ba. Har yau bai dawo ba, don ba shi da takardar da zai koma da ita.

Saura Zayid, auta. Shi da ɗaukar wa masu jirage kaya a kan alfadari ya fara, yana kai musu can sama inda suke shiga ruwa. Yau da gobe suka ga yana da ido, suka ba shi filafili. Kafin Itto ta ankara ya zama ƙato mai gemu, shi ke zama a bayan jirgi yana juya shi, yana daka wa baƙi tsawa da yare uku. Daga nan tsayuwarta a Akushi ta canja. Da, in ta hango abu ya fito daga Maƙogwaro murna take yi. Yanzu sai gabanta ya faɗi tukuna, ta duba ko nasa ne.

Ta yi faɗa, ta yi lallashi, ta yi ciwon ƙarya. Amsarsa ɗaya ce.

"Inna, aikin nan ne ya riƙe ni a garin nan. Gonarmu ko alfadari ba ta ƙosarwa. Abin da na samu a 'yan makonnin ruwa, shi ke kai mu wata shekara."

Abu biyu Itto take so a duniya, Zayid ya zauna a Tizgi, kuma ya fita daga rafi. Ba ta yarda cewa ɗaya na korar ɗaya ba, don ba ta saba zaɓi ba. Duk abin da ya zo gabanta jawowa take yi.

A wata shekara aka yi ruwan sama mai ɗumi a kan ƙanƙara. Gari ya waye Tazart ya yi jawur, dutsen Akushi ya nutse har wuya. Tun a wurin karin kumallo ta ce masa kada ya fita, ya ce baƙi sun riga sun zo, ya sumbaci kanta ya fice. Wajen azahar tana tsaye a gaɓa, sai ga hula. Sai ga filafili, ga wani, ga wani. Sai ga jirgin kansa a kife. Itto ta bar su duka suna zagaye ba ta ɗaga ƙugiya ba. Rabha da ta hango haka ba ta tsaya jiran rabonta ba, ta tsallako iyakar gona ta zo ta tsaya kusa da ita. Jirgi na biyu ya fito yana tsintar baƙi ɗaya bayan ɗaya a can ƙetare, kowa na tari yana kakari. Babu Zayid a cikinsu.

Can sai ga shi. Ruwa ya tofo shi daga Maƙogwaro, ya haɗa shi da dutse, ya juyo da shi Akushi a rigingine. Rigar ceto ta ɗago shi, hannuwansa na bin ruwa kamar ba nasa ba. Daga baya aka ba da labarin cewa sai da ya tura baƙuwa ta ƙarshe kan wani dutse sannan ruwa ya kwashe shi. Itto ba ta yi kururuwa ba. Ta bar shi ya zagayo, yadda take yi wa kowane gungume, don ta san mai gaggawar kai ƙugiya shi ke kuskure. Da ya zo daidai ta saƙala a kafaɗar rigar, ta kafe ƙafa ta ja. Ya fi ta nauyi nesa ba kusa ba. Rabha ta kama ta ta ɗamara, suka yi ta ja da baya har suka zube cikin sha'ir, tsofaffi biyu da ƙato ɗaya.

Ya amayar da ruwa mai yawa kafin ya buɗe ido. Goshinsa ya fashe.

"Baƙin sun fita?" Abin da ya fara tambaya ke nan.

"Sun fita, masu sa'a," in ji Rabha.

Itto na zaune a ƙasa, har lokacin ba ta zare ƙugiyar ba.

"Rabha, kin gani?"

"Na gani."

"A gaɓar wa?"

"Taki."

"Ƙugiyar wa?"

"Taki ce, Itto. Sassauta wa yaro ya yi numfashi."

"To ki zama shaida. Rafi ya kawo, na jawo. Nawa ne."

Ranar Juma'a bayan an sauko, ta kai maganar gaban dattawa a jikin bangon masallaci. Baba Haddu, wanda ke raba rigimar ruwa da ta iyakar gona, ya daɗe bai samu shari'a mai daɗi irin wannan ba. Ya gyara zama, ya sa aka kawo Zayid da goshi a naɗe.

"Baba, dama ai ɗanta ne ni," in ji Zayid. "Me ya ƙaru?"

Baba Haddu ya ce, "Da yawa. Ɗa yana da baki, a ce masa zauna, ya ce baƙi sun zo. Abin da aka tsamo a rafi kuwa, inda aka ajiye shi nan yake zama. Ka taɓa jin gungume ya ce yana da aiki?"

Dattawa suka kwashe da dariya. Wani ya ce shi dai a kan itace ya san al'adar nan.

"Ƙuruciya ce ke damunka," in ji Baba Haddu, ko da yake mutumin ya haura saba'in. "Kakana saniya ya tsamo da ranta. Mai ita ya biyo sawu har da hawaye, aka ba shi madararta ya sha ya koma."

"To yaushe zan fita daga hannunta?" Zayid ya tambaya, shi ma yana murmushi.

"Ranar da ta mayar wa rafi da kai, da hannunta, a gaban shaida. Haka ake yi in mutum ya haƙura da abin da ya tsamo." Ya kalli Itto ta gefen ido. "Sai dai tun da nake ban ga baiwar Allahn nan ta mayar da ko allura ba."

Kowa ya ɗauki abin wasa, aka watse ana raha. Amma Zayid ya ga abin da su ba su gani ba. Tun ranar da aka tsamo shi uwarsa ba ta iya zuba shayi ba tare da ya zube a faranti ba. Da suka isa gida ya rataye hular kwanonsa a ƙusa ya ce, "Na ji, Inna. Ba zan shiga ba sai kin sake ni."

Itto ta ji daɗi, daɗin da rabonta da shi tun kafin Assu ya tafi. Ta yanka zakara, ta dafa shi da zaitun a tajin, tukunyarmu ta ƙasa, ta yi ta tura masa cinya. Ya gyara mata rufi, ya yashe magudanar ban ruwa, ya cire ciyawar sha'ir. To amma aikin gonar Ishu kafin hantsi ya ƙare. Daga nan sai zama. In jirage sun fito daga Maƙogwaro abokansa sukan ɗago masa filafili.

"Gungume, ka bushe ko da saura?"

"Lalla Itto, in za ki sa shi a murhu ki kira mu mu ji ɗumi."

Da farko yana ramawa. Daga baya in ya ji ihun baƙi daga cikin kwazazzabo, sai ya zagaya bayan gida ya tsiri gyaran abin da bai lalace ba. Cinsa ya ragu, maganarsa ta ragu. Itto na gani, ta ce wa ranta zai saba.

A Tizgi waya ba ta kamawa sai an hau tudun maƙabarta. Rabha ce ta zo da maganar, ta same ta tana tsintar sha'ir a ƙofar ɗaki.

"Autanki ya koyi ziyarar kaburbura, Allah Ya ƙara masa imani."

"Ubansa na can."

"Ishu ya yi waya ne ban sani ba?"

Itto ta ci gaba da tsintar sha'irinta.

"Na je yankan ciyawa na ji shi. Da Assu yake magana. Na ji an ambaci Tanja, ba sau ɗaya ba." Rabha ta zauna a kan turmi, ta sauke murya. "'Yar uwa, tsintacciyar mage ba ta mage. Kin tsamo shi, gaskiya ne, ni na riƙe miki ɗamara. Amma dube shi mana."

"Ki kula da gonarki."

"Gonata ba abin da ke zuwa mata, shi ya sa nake kula da taki."

Washegari da safe, suna zaune da gurasa da mai a tsakaninsu, Itto ta tambaye shi ba kwana-kwana.

"Auta, me kake nema a Tanja?"

"Aiki, Inna."

"A Tanja, ko gaba da Tanja?"

Ya tsoma gurasa a mai.

"Kin ce kada in shiga rafi, ban shiga ba. Ba kuma zan shiga ba. Amma ni ba gungume ba ne, Inna, ba zan iya kwanciya a bayan ɗaki ina jiran sanyi ba. Mai kamfani ya ce in ban koma ba kafin ruwa ya janye, wani zai ɗauka. Assu kuma ya ce masu jiragen can suna neman wanda ya iya tuƙi. Irina ba a ma tambayarsa komai, a ba shi jirgi kawai ya ƙetare da mutane."

"A can wa zai tsaya maka da ƙugiya?"

"Ba kowa."

Tsoro ya kama Itto, irin wanda ba ta ji ba ko a ranar da ta hango shi a rigingine. An yi gudun gara an faɗa gidan zago. Wuni guda ta yi tana faɗa. Ta yi da alfadari, ta yi da kaza mai hular kwano, ta yi da Assu da ba ya jin ta, ta yi da Ishu da ya kwanta abinsa ya bar ta da ƙatti. Da la'asar faɗan ya ƙare mata, ba abin da ya rage sai gaskiya. Ta aika a gaya wa Addi, abokin Zayid da ke riƙe masa jirgi, gobe in sun fito daga Maƙogwaro su ratso Akushi. Ta kuma aika wa Baba Haddu.

Shaida biyu ake buƙata, amma Tizgi ba ta san wannan ba. Kafin azahar gonar Ishu ta cika kamar ana biki, sha'ir ya sha taku. Ruwa ya ɗan sauka, ya koma kalar toka, amma da sauran ƙarfinsa. Addi ya shigo da jirgi Akushi da baƙi shida a ciki, suna ta ɗaukar hoto, sun zaci wata al'ada ce aka shirya dominsu. Ya matsa ya ba Zayid wurinsa a baya. Zayid ya kifa hula, ya ɗaure riga, ya waiga.

"Inna, filafili fa? Kina da su cike da ɗaki."

"Su ba ka nasu. Kai kaɗai na ce zan mayar."

Addi ya miƙa masa nasa yana dariya.

"Ku shaida fa," in ji Rabha, "in ya maƙale a gaɓata nawa ne. Ina da 'ya a ɗaki."

"'Yar taki ta san da maganar?" Itto ta tambaya.

"Ita ta aiko ni."

Mata suka yi shewa, Zayid ya sunkuyar da kai yana gyara igiyar da ba ta kwance ba. Baba Haddu ya ɗaga sanda aka yi shiru.

Itto ta juya ƙugiyarta, ta ɗora gindin sandar a jikin jirgi, ta tura. Jirgi ya tafi a hankali, ya bi bakin dutse, ya yi zagayensa cikin natsuwa, ya dawo ya dungure ta a ƙafa. Gona ta ɗauki dariya.

"Akushin ma bai yarda da ke ba," in ji Baba Haddu.

Ta sake turawa da ƙarfinta duka har ta kusa bin sandar. Jirgi ya ƙara nisa kaɗan, ya yi kamar zai fita, ya sake juyowa. Baƙi suka ɗauki filafilai za su taimaka. Zayid ya ce musu wani abu da yarensu, suka ajiye. Nasa na kwance a kan gwiwoyinsa, bai tsoma shi a ruwa ba.

"Da hannunki aka ce, Inna."

Dariyar ta fara raguwa. Itto ta fi kowa sanin Akushi, ta kuma san abin da ya rage. Akwai wani layi a can ciki, inda ruwa mai juyawa ke haɗuwa da ruwa mai wucewa, kumfa na bi ta kai. Duk abin da bai tsallake layin nan ba dawowa yake yi, sandarta kuwa ba ta kai can daga gaɓa. Ta ajiye ƙugiya a ƙasa, ta cire takalmi, ta ɗaure zane sosai. A iya zamanta a bakin rafin nan ba ta taɓa barin ruwansa ya wuce mata idon sawu ba. Ta kama igiyar da ke zagaye da jirgin da hannu biyu, ta shiga.

Ruwan ƙanƙara ne, ya cije ta har cikin ƙashi. Ta yi ta turawa tana laluben duwatsu da ƙafa. Ya kai mata gwiwa, ya kai mata cinya, ya kai mata ƙugu.

"Inna, ya isa haka."

"Rufe mini baki. Gungume ba ya magana."

Da ruwa ya kai mata haƙarƙari ta ji jirgin ya yi nauyi ta wata fuska. Hancinsa ya tsallake layin, rafi ya kama shi yana fizga, ita kaɗai ce ta rage tana riƙe da shi. Tura shi bai ba ta wuya ba, sakin ne ya gagara. Yatsunta sun ƙi buɗewa, kuma ba sanyi ne ya hana su ba. Ta ɗaga kai ta dubi ɗanta, ga tabon goshinsa bai gama warkewa ba a ƙarƙashin hular. Ta so ta ce masa abubuwa da yawa, haƙoranta na haɗuwa.

"Na ba Allah amanarka," ta ce. Ta saki.

Rafi ya fizge jirgin kamar da ma jira yake. Zayid ya tsoma filafili, ya daka tsawa, baƙi suka duƙa suna tuƙi. Bai waigo ba, ba kuma zai iya ba, don akwai duwatsu a gaba kafin kwana.

"Fito mana, Itto, sanyi zai kashe ki," Rabha ta kira ta daga gaɓa.

"Bari ya sha kwana."

Ta tsaya a wurin, ruwa na jan zanenta, har jirgin ya kauce wa duwatsun ɗaya bayan ɗaya ya ɓace a bayan ɓauren Rabha. Sannan ta kamfaci ruwa da hannu biyu ta wanke fuska, ta sake wankewa, ta daɗe tana wankewa. Rabha ce ta cire bargon ulun da ke kafaɗarta, ta ɗaga shi sama kada ya jiƙe, ta shiga ruwan ta taro ta.